Daga Maƙerar Dutse Alhaji Zuwa Taruga: Tarihin Tama da Abin da Ya Rage a Bakin Bahaushe

1.0 Gabatarwa

A zangon karatun da ya gabata, malaminmu na darasin Sana'o'in Gargajiya ya ba mu aikin hutu. Ya ce kowa ya zaɓi sana'a ɗaya, ya je wurin masu ita, ya tattaro kalmomi 50 da suke amfani da su. Ni a Dutse Alhaji nake zaune, cikin Ƙaramar Hukumar Bwari ta Babban Birnin Tarayya, kuma a bayan kasuwarmu akwai wata rumfar maƙera da nake wucewa kusan kullum. Don haka na zaɓi ƙira, saboda ita ce kusa da gida. Na ɗauka kwana biyu sun ishe ni.

Ranar farko na tarar da samari uku suna ƙera fartanya da wuƙaƙe. Bayan mun gaisa na rubuta sunayen kayan aiki, sai na tambaye su inda suke samo ƙarfe. Suka ce wurin 'yan gwangwan, su sayo sifirin mota da guntayen rodi. Na ce, to kafin a yi mota fa? Suka dubi juna suka yi dariya. Sai wani dattijo da ke zaune a kan buzu can gefe, wanda na ɗauka barci yake yi, ya ce, "Tama, ɗan makaranta. Rubuta tama." A cikin samarin nan uku babu wanda ya taɓa ganin tama, ɗayansu ma ranar ya fara jin kalmar. Ni kaina a ƙamus kawai na taɓa cin karo da ita.

Wannan kalma ita ta mayar da aikin kwana biyu ya koma na wata guda, ta kuma sa na shiga ɗakin karatu. Manufar wannan maƙala ita ce in bayyana wa 'yan'uwana ɗalibai yadda mutanen dā suka haƙo tama suka fitar da ƙarfe daga cikinta, da daɗewar wannan fasaha a ƙasarmu, da yadda ta mutu, sannan da aikin da ya rage a wuyanmu mu masu nazarin harshe.

2.0 Matakai Uku da Ake Cakuɗawa

Kafin fartanya ta zo hannun manomi a zamanin dā, sai an bi matakai uku. Na farko shi ne haƙa, wato tono dutsen da ke ɗauke da ƙarfe, wanda Bahaushe ke kira tama. Na biyu shi ne dafa tama, wato raba ƙarfen da dutsen ta hanyar wuta. Na uku shi ne ƙira, wato sarrafa ƙarfen ya zama makami ko kayan aiki. A yau na ukun kaɗai muke gani, shi ya sa da yawanmu muka ɗauka ƙira ita ce farko kuma ita ce ƙarshe.

Haƙa ta girmi sauran nesa ba kusa ba. A Ngwenya da ke ƙasar Eswatini akwai ramin da mutane suka riƙa haƙar jar ƙasa ta kwalliya fiye da shekara 40,000 da suka wuce. Fitar da ƙarfe daga dutse kuwa daga baya ya zo. An fara da jan ƙarfe wajen shekara 5,000 kafin Miladiyya, aka zo aka gano cewa idan an haɗa shi da kuza yakan ƙara tauri, sannan baƙin ƙarfe ya yaɗu a Gabas ta Tsakiya bayan shekara ta 1200 kafin Miladiyya. A kan wannan jeri ne wani masani ɗan ƙasar Denmak, C. J. Thomsen, ya kasa tarihin da ya gabaci rubutu gida uku a 1836: zamanin dutse, da zamanin tagulla, da zamanin baƙin ƙarfe. Sai dai wannan kaso an yanka shi ne daidai wuyan Turai. A mafi yawan Afirka kudu da Sahara, daga gatarin dutse kai tsaye aka shiga baƙin ƙarfe.

3.0 Yadda Ake Dafa Tama

Dattijon nan, wanda zan riƙa kira Baba kamar yadda kowa ke kiransa a rumfar, ya haura shekara 80. Daga wani ƙauye na ƙasar Katsina ya biyo ɗansa Abuja. Ya ce kakansa yana cikin 'yan tama, kuma shi da idonsa ya ga dahuwar tama sau biyu yana yaro. Abin da ya faɗa mini ya yi daidai da abin da na karanta daga baya.

Aikin na rani ne, bayan an kawar da amfanin gona. Maza sukan fita daji su yi zango na makonni. Wasu su shiga rami su haƙo tama, a farfasa ta ƙanana, a tsince mai nauyi a zubar da marar amfani. Wasu su sari itace su ƙona gawayi, kuma gawayin ƙirya aka fi so saboda taurinsa da daɗewar garwashinsa. Wasu kuma su kwaɓa yumɓu su gina murhu mai kama da ƙaramin rumbu a kan rami, su jera bututun yumɓu a gindinsa domin shigar iska. Daga nan sai a zuba gawayi, a zuba tama, a sake zuba gawayi, hawa-hawa har murhu ya cika, a sa wuta. Wani murhun da zuga-zugi ake hura shi, wani kuma saboda tsawonsa da kansa yake jan iska. A kwana ana gadi. In wuta ta mutu sai a fasa gindin murhu a jawo curin ƙarfe mai ramuka-ramuka kamar soso, a bar kashin a nan. Wannan curi shi ake sayar wa maƙeri, shi kuma ya yi ta gasawa yana duka a kan uwar maƙera har sauran dattin ya fita.

Me ke faruwa a cikin murhun? Kowa ya san tsatsa: ƙarfe ne da ya haɗu da iskar oksijin. To tama ma kusan haka take, tsatsa ce da ta cakuɗe da ƙasa da yashi. Gawayin da ke ci a rufaffen wuri yakan fitar da wata iska mai guba, irin wadda ke halaka mutanen da suka kwana da kaskon gawayi a rufaffen ɗaki. Wannan iska ita ce ke fizge oksijin daga jikin tama ta bar ƙarfe zalla. Ke nan dafa tama mayar da tsatsa ne ta koma ƙarfe.

Akwai abin lura a nan ga ɗalibin harshe. Baƙin ƙarfe ba ya narkewa sai zafi ya kai digiri 1,538 a ma'aunin Selshiyos, alhali irin wannan murhu yakan tsaya ne wajen digiri 1,200. Abin da ke narkewa ya tsiyaye shi ne dattin, wato kashin. Ƙarfen kansa curewa yake yi. Saboda haka lokacin da na ce wa Baba "narka tama" ya gyara mini ya ce "dafawa ake yi", shi ne ya fi ni kusa da kimiyya. Jan ƙarfe, mai narkewa a digiri 1,085, da kuza, mai narkewa a digiri 232, su ne ake narkawa a zuba.

4.0 Taruga da Mutanen Nok

Da na fara karatu a kan tarihin wannan fasaha, na zaci zan ji sunayen Masar da Sin ne kawai. Sai na tarar ɗaya daga cikin wuraren da masana a duk duniya ke ambata yana nan yankinmu. Sunansa Taruga, a wajen Takushara, kudu maso gabas da Abuja.

Labarin ya faro ne daga haƙar kuza. A 1928 masu haƙar kuza a kusa da ƙauyen Nok, cikin ƙasar Jaba a kudancin Jihar Kaduna ta yau, suka tono wani ɗan kai na gasasshen yumɓu. A 1943 aka sake tono wani kan a wajen Jama'a, wani ma'aikaci ya kai shi gonarsa ta doya ya kafa shi a matsayin mutum-mutumi. Daga can aka kai shi Jos, inda wani jami'in mulki Bature mai ilimin kufai, Bernard Fagg, ya lura cewa kawunan biyu ƙirar hannu iri ɗaya ce. Shi ya laƙaba wa masu wannan fasaha sunan ƙauyen Nok, shi ne kuma ya kafa gidan tarihi na Jos da aka buɗe a 1952.

Matsalar ita ce waɗannan kawuna ruwa ne ya kwaso su ya jibge a cikin yashin rafi, don haka ba su nuna yadda masu su suka rayu ba. Taruga ce ta warware wannan. Fagg ya yi tono a wurin a farkon shekarun 1960, ya sake komawa wajen ƙarshensu, ya tarar da mazauni wanda ruwa bai hargitsa ba. A ciki akwai gutsattsarin mutum-mutumin yumɓu, da tukwane, da kayan ƙarfe, da bututun yumɓu, da tarin kashin tama, da gindin murhu 13. Gawayin da aka gwada ya nuna tsakanin ƙarni na 6 da na 3 kafin Miladiyya. Wato kimanin shekara 2,500 da suka wuce ana dafa tama a ƙasar da muke kira sabon birni.

Daga 2005 wasu masana na Jami'ar Goethe da ke Frankfurt a Jamus, ƙarƙashin Peter Breunig da Nicole Rupp, tare da abokan aikinsu 'yan Nijeriya, suka shafe fiye da shekara 10 suna tono a tsakanin Abuja da Kaduna, musamman wajen Janjala. Sun nuna cewa mutanen Nok sun fara zama a yankin wajen shekara ta 1500 kafin Miladiyya, suna noman gero da wake, kuma sun yi ɗaruruwan shekaru suna aiki da gatarin dutse. Mutum-mutumin yumɓu ya bayyana wajen shekara ta 900, dahuwar tama kuma ta biyo baya, tsakanin shekara ta 800 da ta 400 kafin Miladiyya. Wannan jeri yana da ma'ana, domin wanda ya ƙware wajen kwaɓa yumɓu da gasa shi ya riga ya mallaki rabin ilimin gina murhu. Duk wanda ya je Ushafa, maƙwabciyarmu, ya ga yadda matan Gbagyi ke gina tukwane zai gane abin da nake nufi.

Sai dai a kiyaye. Mutanen Nok ba su bar rubutu ba, kuma tukunya ba ta magana da wani harshe. Sunan Nok ma aro ne daga ƙauyen da aka fara tsintuwa. Saboda haka kuskure ne wani ya ce Hausawa ne, ko Jaba, ko Gbagyi. Gadon na duk mazauna wannan ƙasa ne.

5.0 Yaya Aka San Shekarun?

Mai karatu na iya tambaya, wa ya ƙirga waɗannan shekaru? Amsar tana cikin gawayi. Kowace bishiya tana shaƙar wani nau'in sinadari da ake kira kabon-14 muddin tana raye. Da zarar ta mutu sai ya fara raguwa, kuma rabinsa yakan tafi a duk shekara 5,730. Idan aka auna abin da ya rage a gawayin da aka tarar cikin murhu, sai a san lokacin da icen ya daina rayuwa. Willard Libby na Amurka ne ya fito da wannan awo a ƙarshen shekarun 1940.

Awon yana da tarko biyu. Na farko, mutuwar ice yake nunawa, ba ranar da aka hura wuta ba. A hamada kututture kan yi shekaru aru-aru a bushe kafin wani ya ƙona shi. Na biyu, tsakanin shekara ta 800 da ta 400 kafin Miladiyya awon ba ya bambance shekaru sosai, kuma a daidai wannan tsakani ne farkon ƙarfen Nok ya faɗo. Wannan shi ya sa masana ke ba da tazara mai faɗi maimakon shekara guda.

6.0 Koyo Aka Yi ko Ƙirƙira?

Masana sun kasu uku a kan asalin wannan fasaha a Afirka ta Yamma. Wasu sun ce daga Meroe ta zo, tsohon birnin da ke bakin kogin Nilu a Sudan, inda har yau akwai tuddan kashin tama. Raunin wannan ra'ayi shi ne tazarar shekarun Meroe da na Taruga ba ta da yawa. Wasu sun ce ta ratso Sahara ne daga Kartaj, birnin da aka kafa a Tunisiya ta yau wajen shekara ta 814 kafin Miladiyya. Hujjarsu ita ce dafa tama aiki ne mai wuya, da ƙyar mutanen da ba su taɓa narka wani ƙarfe ba su faɗa masa kai tsaye. Kashi na uku sun ce a nan aka ƙirƙiro ta, suna kafa hujja da bambancin ginin murhunan Afirka da na arewa, da kuma tsofaffin shekarun da aka samu a wurare da dama: Opi a ƙasar Nsukka, da Douroula a Burkina Faso, dukansu wajen ƙarni na 8 kafin Miladiyya.

Jamhuriyar Nijar tana tsakiyar wannan muhawara. A yankin Agadas, da kuma Akjoujt a Muritaniya, an tabbatar an narka jan ƙarfe a cikin shekaru dubu na ƙarshe kafin Miladiyya, abin da ke nuna cewa akwai masu ilimin wuta a bakin Sahara. A duwatsun Termit kuma an ba da shekarun baƙin ƙarfe da suka kai 1500 kafin Miladiyya, amma masana da yawa ba su gamsu da su ba. Akwai darasi a abin da ya faru a Agadas. Danilo Grébénart ya tono wasu abubuwa da ya ɗauka murhu ne na shekara 2,000 kafin Miladiyya. Da aka sake gwaji, sakamakon da aka buga a 1988, wanda shi ma ya sa hannu a ciki, ya nuna da yawansu kututturan bishiya ne da suka ƙone a cikin ƙasa. Muhawarar ba ta ƙare ba har yau, amma duk ɓangarorin sun yarda cewa ana dafa tama a Afirka ta Yamma fiye da shekara 2,000 kafin Bature ya kafa mulki.

7.0 Tama a Ƙasar Hausa

Idan muka dawo gida, tarihin manyan biranenmu a haɗe yake da tama. A Kano, gawayin da aka samu a wani wurin dafa tama a dutsen Dala ya nuna ƙarni na 7 Miladiyya, wato ɗaruruwan shekaru kafin Bagauda. Wannan ya zo daidai da labarin baka da ke cewa Abagayawa maƙera ne da suka taso daga Gaya neman tama suka zauna a gindin Dala. A Samaru ta Zariya, J. E. G. Sutton na Jami'ar Ahmadu Bello ya tono murhunan tama a shekarun 1970, waɗanda su ma suka faɗo cikin shekaru dubu na farko na Miladiyya. In muka tuna cewa da ƙarfe ake sare daji, da shi ake huɗa, da shi ake haƙa ganuwa, da shi ake kare ta, za mu gane dalilin da ya sa gari kan kafu inda tama da itace da ruwa suka haɗu, da kuma dalilin da ya sa Sarkin Maƙera ke da wurin zama a fada.

Sauran ƙarafa ma suna da nasu tarihi. A 1353 matafiyin nan Ibn Baɗɗuɗa ya sauka a Takedda, wadda masana ke dangantawa da kufan Azelik a yammacin Agadas. Ya ba da labarin yadda ake zuba jan ƙarfe sanda-sanda, ana sayen nama da itace da gero da shi kamar kuɗi, ana kuma kai shi Gobir da Barno. Kuza kuwa, tun kafin zuwan Turawa mutanen Liruwai a kudancin ƙasar Kano da na Liruwan Dalma a ƙasar Bauchi suke wanke ta daga yashin rafi, su narka, su zuba ta siri-siri kamar tsinke, fatake su kai kasuwanni. Sawun waɗannan tsinkaye Turawan kamfani suka bi a farkon ƙarni na 20 har suka isa tsaunukan Jos. Haƙar da suka buɗe a can ita ce ta tono kawunan Nok.

8.0 Yadda Wutar Ta Mutu

Na tambayi Baba abin da ya kashe sana'ar kakansa. Ya ce, "Jirgi da mota, ɗan nan." Gaskiya ya faɗa. Layin dogo ya isa Kano a 1911, ƙarfen Turai ya shigo da araha, daga baya ɓaraguzan motoci suka cika gari. Mutum ba zai yi wata guda a daji yana haƙa da ƙona gawayi ba alhali zai sami sifiri a kasuwa. Dokokin gandun daji na zamanin mulkin mallaka su ma sun taƙaita saran itace. Zuwa tsakiyar ƙarni na 20 dahuwar tama ta ɗauke a mafi yawan ƙasar Hausa ta Nijeriya. A ƙasar Adar ta Nijar ta ɗan jima, har wata mai bincike Bafaranshiya, Nicole Echard, ta ɗauki fim ɗin aikin a shekarun 1960, ta kuma nuna yadda masu sana'ar ke ɗaukar murhu tamkar amaryar da za ta haihu.

Abin da ya rage a ƙasa ma yana cikin haɗari. Masu tonon sata sun lalata wuraren Nok da dama suna neman mutum-mutumin da za su sayar waje, har a shekara ta 2000 Majalisar Gidajen Tarihi ta Duniya ta sa su cikin jerin kayan Afirka da ake gargaɗi a kan cinikinsu. A nan Abuja kuma katafila da masu fasa dutse ba sa tsayawa duba baƙin dutse mai ƙyalli da ramuka. Wasu ƙasashe sun farga: a 2019 hukumar UNESCO ta sa tsofaffin wuraren dafa tama na Burkina Faso cikin kayan gadon duniya.

9.0 Abin da Ya Rage a Harshe

Murhu ya rushe, amma harshe ya riƙe da yawa. Mu duba saiwar ƙer-. Daga gare ta muka sami aikatau ƙera, da ƙira, da maƙeri mai ɗafa-goshin ma-. Kalmar maƙera kuwa biyu ce a baki ko da yake ɗaya ce a rubutu: idan karin sautinta sama-ƙasa-sama ne, jam'in maƙeri ce, idan kuma sama-sama-sama ne, wurin ƙira ake nufi. Ta hanyar ninki muka sami ƙere-ƙere, wadda a yau ta ɗauki ma'anar fasahar zamani, har muna cewa mota ƙirar Japan, ko mu yaba ƙirar jikin mutum.

Haka aikatau zuga. Asalinsa hura wutar maƙera ne, daga nan zuga-zugi da mazugi suka fito. Amma yau in aka ce "zuga shi aka yi", kowa ya san hura masa wutar faɗa aka yi. Ita kanta kalmar ƙarfe ta zama ma'aunin lokaci, domin ƙarfe ake bugawa a sanar da awa, shi ya sa muke cewa ƙarfe biyu. Keke ya zama dokin ƙarfe. Masu iya magana na cewa da zafi-zafi akan bugi ƙarfe, suna kuma cewa ƙarfe ɗaya ba ya amo. Unguwanni ma sun riƙe sunan: Lokon Maƙera a Kano, Maƙera Assada a Sakkwato, Maƙera a Kaduna.

Aron kalmomi shi ma shaida ne. Zinariya daga dinarin Larabci take, azurfa da takobi kuwa suna da 'yan'uwa a harshen Abzinawa, abin da ke nuna hulɗa da arewa. Amma ƙarfe da ƙira ba su yi kama da takwarorinsu na Larabci ba ko kaɗan. Wannan ya dace da rabon da maƙeran Kano ke yi tsakanin maƙeran baƙi, masu aikin baƙin ƙarfe, da maƙeran fari, masu aikin azurfa da tagulla, kamar yadda Philip Jaggar ya bayyana a littafinsa kan maƙeran birnin Kano na 1994. Duk da haka kalma ba ta ɗauke da kwanan wata. Tana nuna hanya ne kawai, sai an haɗa ta da abin da aka tono sannan hujja ta tsaya.

A nan ne matsalar take. Kalmomin da suka rayu na mataki na uku ne, wato ƙira, domin har yanzu ana yin ta. Na haƙa da na dahuwa kuwa, irin su sunayen nau'o'in tama, da sassan murhu, da muƙaman masu aikin zango, da kirarinsu, suna bakin tsofaffi ƙalilan ne da suka ga aikin suna yara. Mai ilimin kufai zai iya tono bututun yumɓu bayan shekara dubu, amma ba zai tono sunansa ba.

10.0 Kammalawa

Wannan maƙala ta yi ƙoƙarin nuna cewa haƙar tama da dafa ta sun kai kimanin shekara 2,500 a yankin Abuja, sun kuma taimaka wajen kafuwar birane irin su Kano, sannan suka mutu a zamanin kakanninmu. Kiyaye abin da ke cikin ƙasa aikin Hukumar Gidajen Tarihi ta Ƙasa ne, wadda aka kafa a 1979, kuma duk wanda ya ci karo da kashin tama ko gutsuren mutum-mutumi, ita ya kamata ya sanar, kada ya tona, kada ya sayar. Abin da ke cikin baki kuwa aikinmu ne.

Na tattara kalmomi 63 daga bakin Baba. Akwai guda ɗaya da ta gagara. Ya ce bututun yumɓun nan yana da suna nasa na musamman da 'yan tama ke kiransa da shi, ba bututu ba. Ya yi shiru, ya murza goshi, ya ce, "Ya shige mini, ɗan makaranta. Ka dawo, zai faɗo mini." Makaranta ta buɗe, jarrabawa ta sha kaina, ban koma ba sai hutun da ya biyo baya. Na tarar da buzun a naɗe. Ɗansa ya ce jiki ya ƙi, sun mayar da shi gida kafin damina, kuma Allah ya yi masa rasuwa bayan Babbar Salla. Allah ya jiƙansa, ya sa ya huta. A littafina layi na 64 yana nan da ma'ana a gefen dama, gefen hagu kuwa babu komai.

Don haka ina roƙon 'yan'uwana ɗalibai, musamman 'ya'yan gidan maƙera da waɗanda suka fito daga Katsina, Zamfara, Kabi, Gobir, Adar da Maraɗi, kowa ya nemi tsohon da ya ga dahuwar tama a wannan hutu. A ɗauki muryarsa a waya da izininsa, a rubuta kalma da karin sautinta da tsawon wasalinta, a rubuta garin da aka ji ta, a kawo wa Sashe domin a adana. Wanda kuma ya ji sunan bututun nan a garinsu, don Allah ya neme ni a ajin shekara ta uku.